Ƙyallen Mai Buɗe Kalanda

Yau ma ita ke wanke wa yayanta ƙyallen aikinsa. A ƙasarsu kowace rana tagwaye take zuwa. Mai buɗe kalanda, wato yayan nata, zai hau hasumiya da ido a ɗaure da ƙyallen, ya juya, ya kwance. Wadda ya fara gani ita ke tabbata, ɗayar ta ɓace.

Ranar da gada ta karye da ɗanta, yayan nata yana kuka ya ce, "A ɗayar, nawa ɗan ne a kan gadar. Wallahi, ƙanwata, ban zaɓa ba."

Ita ce ma ta rarrashe shi.

Yau da ta ɗaga ƙyallen za ta shanya, sai haske ya ratso ta wata 'yar huda. Har an bi bakinta da zare, tsaf, don kada ta yage.