Rumbun da Ya Kama Ƙugi

Zauna nan kusa da ni, 'yar nan, in ba ki wani misali, tunda na ga kin gado ni wajen sa abu a rai. Ni ban yi karatu mai zurfi ba, amma wannan kam na riƙe shi.

A wata ƙasa can bayan duwatsu, wadda ba irin tamu ba, akwai wani ƙwaro da ke shiga hatsi ya cinye shi daga ciki. Ba a ganinsa, sai dai a ji ƙuginsa, kuma in aka buɗe rumbun da yake ciki, tashi yake ya bazu cikin rumbunan unguwa duka. Shi ya sa a al'adarsu rumbun da ya kama ƙugi ba a buɗe shi, wuta ake sa masa da duk abin da ke ciki. To, akwai wata mata da mijinta ya rasu ya bar ta da yara. Ta yi noma da hannunta, Allah ya ba ta gero, ta cika rumbu ta liƙe bakinsa da laka. Wata safiya ta sunkuya ɗaukar itace a gindin rumbun, sai ta ji yana ƙugi ƙasa-ƙasa. Ta kara kunne, ta ɗago, ta sake karawa. Abincin 'ya'yanta na shekara ke nan, ba ta da wani.

Ba wai babu yadda za ta gane gaskiya ba ne. A garin akwai wata tsohuwa mai wani abu da suke kira ƙwaryar amo. Baƙar ƙwarya ce da aka ɗaure wa baki da siririyar fata kamar ganga, an soka mata dogon kara a gindi. Sai a barbaɗa lallausan yashi a kan fatar, a ɗora bakin karan a jikin abin da ke ƙara, yashin ya kama rawa. In ƙwaro ne, yashin tsalle yake yi ya watse gefe, kamar gero a kasko mai zafi. In kuwa ƙarar ba ta abin ba ce, aro ya yi daga wani wuri, sai yashin ya taru ya ja layi, ya nuna inda take fitowa. Matar ta san da wannan sarai, amma ta fi tsoron ƙwaryar a kan wutar ma. A ranta cewa take, muddin ba a gwada ba, ai geronta na nan. Sai ta lulluɓe rumbun da tsofaffin tabarmi, ta jawo turmi kusa da shi, duk wanda ya yi sallama ta hau daka, ko da babu abin dakawa. Har maƙwabciyarta ta fara tsokanarta, wai ko biki za ta yi ta ɓoye musu. Abinci ya daina shigar mata, ta rame, wuyanta ya fito.

Ran nan maƙwabciyar ta shigo aron rariya, ta jingina da rumbun tana jira, sai ta ji ƙugin a bayanta. Kafin azahar magana ta kai ga mai unguwa, ya zo da maza suna ɗauke da dammunan ciyawa. Ba mugunta ce ta kawo su ba, kowa nasa rumbun yake ji. Da matar ta ga an fara jera ciyawa, sai ta roƙi arziki a dakata mata, ta fita ko mayafi babu, ta je ta taho da tsohuwar. Tsohuwa ta sa aka yaye tabarmin, ta ce kowa ya yi shiru, ta barbaɗa yashi, ta ɗora kara. Matar ta rufe ido da hannu biyu. Da ta ji shirun ya yi yawa, sai ta leƙa ta tsakanin yatsu, ta ga yashin bai watse ba. Taruwa ya yi a hankali, ya ja layi ɗaya ya miƙe wajen katangar gabas. Aka bi layin ana gwadawa, daga rumbu zuwa katanga, daga katanga zuwa bayan gida, har gindin wata tsohuwar kuka. Ashe zuma ce ta tare a kogon kukar, saiwar bishiyar kuma ta bi ta ƙarƙashin ƙasa har ta taɓa duwatsun da aka ɗora rumbun a kai. Ita ke kawo ƙugin, rumbu yana amsawa.

Aka fasa lakar bakin rumbu a gaban kowa, mai unguwa ya zura hannu ya zaro zangarniya, ga gero nan lafiya lau, ko ƙwaya ɗaya ba a taɓa ba. Matar ta zauna daɓas a ƙasa tana dariya hawaye na zuba. Tsohuwar tana kakkaɓe yashin ƙwaryarta ta dube ta, ta ce, "Ƙwaron da ya ci ki ai ba a rumbu yake ba, 'yata. Tashi ki dama fura ki sha." Ta kuwa sha, har ta nemi ƙari. Dama Hausawa sun ce gani ya kori ji.