Mai Bin Sawu da Ɓarawon Raguna

Ka ce jarumin da ke cikin littafin zanen nan naka ba shi da tunanin kowa sai na mugun da yake farauta, kuma abin yana burge ka. To, ajiye littafin ka ji.

A wani gari an yi wani mai bin sawu. In an saci dabba shi ake kira, ya durƙusa ya dubi ƙasa, ya faɗi tsawon ɓarawo da inda ya nufa. Sunansa shi ne dukiyarsa, ba shi da wata. Duk ɓarayin yankin ya kama su, sai wani ɓarawon raguna mai jan ƙafar hagu. Shi wannan ba ya ɓoye sawunsa. Da gangan yake taka taɓo, kamar mai cewa ga ni nan, biyo ni. Abin ya tsaya wa mai bin sawu a rai, har ya bar gonarsa ciyawa ta cinye. Ya ce ba zai kama mutumin nan ba sai ya shiga cikin kansa. Ya koyi jan ƙafar hagu. Ya koyi haura katanga ba tare da ƙasa ta zubo ba. Ranar kasuwa, in gidaje sun yi shiru, yakan shiga na maƙwabta ya kwance rago, wai don ya ga yadda ake jan sa bai yi kuka ba, sannan ya mayar. Shekara bakwai yana haka.

Wata safiya ragon layyar liman ya ɓace. Ga sawu nan ɗanye, mai jan hagu. Mai bin sawu ya bi, maza na biye da shi, zuciyarsa na cewa yau ƙarya ta ƙare. Sawun ya ratsa ta bakin rijiya, ya kewaya masussuka, ya shige zauren gidan mai bin sawun kansa. Ga rago ɗaure a turken akuyarsa. Ya dubi ƙullin igiyar: na ɓarawon ne, kuma nasa ne. Ya ɗora ƙafarsa a kan sawun, ta zauna daram.

Liman ya ce, "Malam, kai ka kawo shi, ko kawo maka aka yi?"

Ya buɗe baki zai rantse, sai ya rufe. Ya tuna jiya ya kwance ragon. Ko ya mayar, wannan ne bai tuna ba. Sai wani mahauci daga cikin taron ya ce, ai gurgun ɓarawon nan an yi jana'izarsa a ƙauyensu tun damina uku da suka wuce. Mai bin sawu ya zauna a ƙasa yana kallon ƙafarsa. To wa ya yi ta bi duk damina ukun nan?

Ba a dake shi ba, ba a kai shi gaban alƙali ba. Amma daga ranar, in dabba ta ɓace, gidansa ake fara zuwa, ba don a kira shi ba.

Ba banza magabata suka ce ba: zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai.