Wayar Da Ta Kashe Ragon Iya Kulu

"Wallahi sai an tone ta!" in ji Iya Kulu, tana dukan bencin kotu da tafin hannu.

Wata wayar lantarki da aka binne a bayan katangar wani kamfanin jimar fata a Challawa ce ta kashe mata ragon layya. Ta kai ƙara, 'yan sanda suka ce satar wuta ce, suka tasa mai kamfanin, Alhaji Sagir, a gaba. Shi kuwa ya garzayo kotu a dakatar da binciken. Alƙali ya ce ba zai hana 'yan sanda aikinsu ba. Iya Kulu ta rangaɗa guɗa.

A bakin ƙofa ɗanta Yahaya, ma'aikacin kamfanin, ya riƙo mayafinta. "Iya, ki bar maganar nan, zan saya miki wani ragon."

"Sake ni, matsoracin banza! Ubangidanka kake karewa? Sai kowa ya ga idon ɓarawon nan!"

Washegari aka fara tono, tana gaba, rabin unguwa na biye. Ashe wayar ba kamfani ta nufa ba. Ta bi lungu, ta wuce masallaci, ta kutsa ƙarƙashin wani zaure. Zauren Iya Kulu ne.

Wayar ta ƙare a bayan firizar da Iya Kulu take sayar da ƙanƙara, wadda ba ta mutuwa ko unguwa na cikin duhu. Dama tun can Yahaya ya ce mata wutar alherin kamfani ce ga ma'aikata.

"Iya, wa ya jona wannan?" in ji ɗan sanda.

Ta waiga, ta ga Yahaya ya riga ya miƙa hannuwansa a sa masa ankwa. Sai ta ja mayafi ta rufe fuskarta.