Zauren da Barira Ta Gina

Tun da aka hana gini da ƙasa a Kano, masu shirya fim kaɗai ake ba izinin kwaɓa ta, su ma da sharaɗin su rushe in an gama ɗauka. Barira ce gwanar tsara ɗakunan fim, kuma ba ta taɓa gina abin da ya kai zauren nan kyau ba. Ta yi masa rufin azara, ta shafe bangon da makuba, ta shimfiɗa buzu a ƙasa.

Ranar rushewa ta ɗauko mahaifinta, Malam Haladu, wanda tsufa ya sa ya daina gane kowa, har ita. Ma'aikacin hukuma na tsaye a bakin ƙofa da safar hannu da takunkumi, yana gudun kada ƙasar ta taɓa shi.

"Hajiya, motar rusau fa tana hanya," in ji shi.

"Na sani. Bari Baba ya gani tukuna."

Tsohon ya shiga a hankali, ya shafa bango, ya sansana tafinsa. Sai ya cire takalmi ya zauna a buzun kamar wanda ya dawo daga kasuwa.

"Barira," ya ce, "kawo min buta, azahar ta yi."

Ta sha karɓar kyaututtuka a sana'ar nan, amma ba wadda ta taɓa cika mata ƙirji haka. Ta share ido, ta juya ga ma'aikacin.

"Malam, a ce wa direba ya jira. Maigidan zai yi salla."