Inuwar Ƙarƙashin Kamiyo

Alhaji Rabo ya leƙa ta tagar mangazarsa, wato ɗakin ajiyar kayansa, da ke bakin hanyar gada a Gaya, ya ga abin da ya saba gani tun farkon mako: 'yan dako zaune a kan benci sun tare ƙofa, kamiyonsa kuma, babbar motar kaya, tsaye a waje cike da albasa, rana na dafa ta.

Shi ya tsokano rigimar. A Gaya 'yan dako bisa layi suke lodi, sandikarsu, wato ƙungiyarsu, ce ke faɗin ayarin da zai ɗauki kaya. Rabo ya tsallake layin, ya kwaso mutane daga ƙauye suka yi masa lodi a ɓoye. Da sandika ta ji, sai ta ce motar nan ba za ta motsa ba sai an zauna.

Albasa kuwa ba ta san yajin aiki ba. Warin ruɓa ya fara tashi, ƙudaje sun yi baƙi a kan buhuna, kuma duk jarin Rabo yana cikin motar nan.

Matarsa Ikilima ta ce, "Alhaji, ka je kwamisariya wurin 'yan sanda. Tare ƙofa ba ya bisa doka. 'Yan sanda za su zo su buɗe hanya, su raka motar, hukumar ƙwadago ta zaunar da ku. Yaya Halidu ma ya ce sulhu suke so."

Halidu wanta ne, ɗan dako ne, kuma yana cikin masu zaman ƙofar.

Rabo ya yi tsaki. "Ni in kai ƙarar 'yan dako? Gaya ta ce Rabo ya kasa da masu ɗaukar buhu? Allah ya kiyaye!"

Haka Rabo yake. Ya gwammace ya yi asara da a ce ya nemi taimako.

Ranar Juma'a da aka yi kiran salla, 'yan dako suka tashi suka nufi masallaci, benci ya zama wayam. Rabo bai tafi ba. Ya kira direbansa Habibu, ya ce ya tada mota yanzu.

Duk direban babbar mota a garin nan ya san ƙa'ida. Kafin ka murza makulli sai ka zaga motar, kana buga tayoyi da ƙarfe, domin in zafi ya tsananta, ƙarƙashin kamiyo ne ɗakin hutun 'yan dako. Habibu ya ɗauko ƙarfensa.

Rabo ya fizge ƙarfen. "So kake ka tara mini jama'a?"

"Alhaji, wallahi ban taɓa tashi ban duba ƙasa ba. Ka bari in leƙa kawai."

"Matsa! Kafin a haife ka nake tuƙi."

Ya haye, ya murza makulli, ya taka. Motar ta yunƙura, ta ɗan yi tsalle ta baya kamar ta hau buhu. Ta madubi ya hango Habibu ya ɗora hannu biyu a ka yana salati. Nan Rabo ya taka birki.

Halidu ne motar ta taka. Zazzaɓi ya hana shi zuwa masallaci, ya shimfiɗa kwali a inuwar tayoyin baya, barci ya ɗauke shi. Bai ko shura ba.

'Yan sandan da Rabo ya ƙi kira su suka zo da kansu, kuma su suka ƙwace shi daga hannun jama'ar da ta fito masallaci. Ikilima ta iso ba ko mayafi. Ta dubi zanen da aka rufa wa wanta, ta dubi mijinta a bayan motar 'yan sanda. Albasar ta ruɓe a inda take, Rabo kuma yana gidan kaso har yau.

Jama'a, in rikicin aiki ya kai ga tare ƙofa, hukuma ake kira ta ba da kariya, a zauna a sasanta. 'Yan sandika su nemi haƙƙinsu ba tare da toshe hanya ba, mai dukiya kuma kada girman kai ya sa ya ɗauki doka a hannunsa. Albasa ana sake noma ta, rai ba ya dawowa.