Takalman da Na Shiga da Su Hubbare

Ina 'yar shekara bakwai kakata Inna ta tafi da ni ziyara Sakkwato daga Fakku. Wani dattijo mai sanda ya ja ayarinmu a ƙasa yana nuna mana wuraren tarihi, har muka iso ƙofar hubbare. Ya ce, "Kowa shi tuɓe takalmi. Wanda duk ya shiga da su, ba shi komawa gida da ƙafa tai."

Nawa jajaye ne na roba, ban taɓa mallakar wasu ba. In bar su cikin tulin na mutane? Na faki ido na soke su a ƙugun zanena.

Ana cikin addu'a ƙafafuna suka yi sanyi, suka kama rawa. Na ce shi ke nan, sun fara mutuwa. Na ƙwalla ihu, "Inna, ƙafata!" Sai takalmi ɗaya ya faɗo daga zanena gaban kowa.

"Ke ɗiyar ga, kin kashe mu!" in ji Inna.

Ƙafafuna kawai dattijon ya kalla, ya girgiza kai.

Na tsufa, na yi karatu, na san tsoratarwa ce. Amma ban yafe masa ba. Bayan mun koma gida, wata guda kullum da safe sai na fara laluba yatsun ƙafata kafin in tashi.