Masu Gadin Duron Fetur

Bango ɗaya ne ya raba ɗakin kwanan Susanna da filin da Oga Gregory ya jibge duro-duron fetur a Sabon Gari. Lokacin ana fama da ƙarancin mai, layin motoci ya kai har bakin unguwar PZ, shi kuwa Gregory ya mai da tsohon garejinsa wurin sayar da man bumburutu. Warin fetur ya ishi kowa a layin gidajensu. Susanna ta daina hura gawayi a tsakar gida, sai ta fita bakin titi ta yi girki.

Babbar damuwarta ita ce surukarta, tsohuwar da kowa ke kira Kaka. Ɓarin jikinta ya shanye, ba ta iya tashi sai an ɗaga ta.

Mijin Susanna, Malam Mordecai, yana koyarwa a wata firamare a Samaru. Ya tara maƙwabta suka je wurin Gregory cikin lalama.

"Oga, muna roƙonka ka kwashe man nan daga cikin gidaje. Akwai yara, akwai tsofaffi."

Gregory ya yi dariya. "Malam, filina ne. Ka je ka koyar da yaranka."

Washegari aka wayi gari da 'yan sanda biyu zaune a kan benci a bakin ƙofar filin, bindigogi a cinya. Gregory ya kai ƙara cewa 'yan unguwa na shirin ƙona masa dukiya. Da maƙwabta suka sake zuwa, ba a bari sun buɗe baki ba. Aka shaƙe Mordecai da wuyan riga, aka jefa shi bayan mota, wai shi ne jagoran tayar da hankali.

Ranar Asabar Susanna ta kai masa abinci caji ofis. Ta durƙusa gaban babban jami'in.

"Ranka ya daɗe, ku aiko mutum ɗaya ya shaƙi abin da muke shaƙa."

"Madam, aikinmu kare dukiyar jama'a ne. Mijinki ya hana ɗan kasuwa neman abincinsa. Tashi ki tafi."

Ko abincin ba su karɓa ba.

Tana kan acaɓa tana komowa abin ya faru. Ma'aikatan Gregory suna juye mai kusa da janareta, wuta ta kama wani tsumma a ƙasa. Ƙaramar wuta ce. Maƙwabciyarsu, Maman Nnenna, ta hango hayaƙi ta saman katanga ta kwarma ihu. Maza suka fito a guje da bokitan yashi.

'Yan sandan suka ga taro ya nufo su, suka miƙe suka ɗana bindiga.

"Ku koma baya! Duk wanda ya matso sai mun harbe shi!"

"Wuta ce! Ku duba bayanku, wuta ce!"

Ɗayan ya yi harbi sama. Mutane suka watse, bokitai suka zube a titi. Kafin 'yan sandan su waiwaya, duro na farko ya fashe. Masu gadin su ne suka fara arcewa.

Da Susanna ta sauka, ba ta gane layinsu ba. Kwanon rufin gidanta ya lanƙwashe ya rufta ciki.

"Ina Kaka? An fito da Kaka?"

Babu wanda ya iya kallon idonta. Maman Nnenna ce ta rungume ta. "Mun yi ƙoƙari, 'yar'uwa. Wutar ta ɓangarenku ta fara shiga."

Da yamma aka buɗe wa Mordecai ƙofa, aka ce, "Malam, je ka, an yafe maka." Bai san komai ba sai da ya iso ya tarar da fasto da 'yan coci tsaye a gaban toka. Ya zauna daɓas a cikin kwata, ya kasa ko kuka. Gregory kuwa ba a sake ganin ƙeyarsa a Sabon Gari ba.

Jama'a, ɗan kasuwa yana da haƙƙin a kare shi, amma maƙwabcinsa ma ɗan ƙasa ne. Hukumar da ta tsaya wa mai dukiya ba tare da ta saurari koken talaka ba, ta sani cewa ran wani take sayarwa.